Yadda ake ƙiyasta darajar fadama da kuɗi: darasi daga dausayin Haɗejiya da Nguru

Duk lokacin da za a gina dam ko a yanka daji a raba gonaki, masu aikin kan zo da lissafinsu a hannu: hekta kaza za a shayar, tan kaza na alkama za a girbe, naira biliyan kaza za su shigo. Abin da za a rasa kuwa ba ya zuwa da lamba. Kifin da aka ci a gida, ciyawar da shanu suka kiwata da rani, ruwan da ya nutse ya cika rijiyoyi, babu wanda ya yanka musu rasit, don haka a teburin yanke shawara ana ɗaukarsu tamkar sifili. Aikin mai ƙiyasta darajar muhalli shi ne ya cike wannan gurbi da lambar da za ta jure tambaya.

Dausayin Haɗejiya da Nguru, tsakanin jihohin Jigawa da Yobe, yana daga cikin wuraren da aka fi ambata a duniya idan ana koyar da wannan fanni. Kogin Haɗejiya da na Jama'are ne ke malala a can kafin ruwansu ya haɗu ya bi Komadugu Yobe zuwa Tafkin Chadi. A jihar Kano, a kan kogunan da ke zuba cikin Kogin Haɗejiya, an kammala dam ɗin Tiga a 1974, na Challawa a 1992, kuma tsakanin fari da tare ruwa a sama, filin da ambaliya ke rufewa ya ragu ƙwarai. A farkon shekarun 1990 masu bincike Edward Barbier da William Adams da Kevin Kimmage suka auna abin da dausayin ke bayarwa ta fuskar noma da kamun kifi da itacen girki kawai, suka gwada shi da aikin noman rani na Kogin Kano, wanda ke shan ruwan dam ɗin Tiga. Idan aka auna da hekta, dausayin ya ɗara, amma tazarar ba ta da yawa. Da aka auna da ruwan da kowanne ke sha, sai ribar dausayin ta ninka ta aikin noman ranin fiye da sau ɗari. Matakan da ke ƙasa sun bi irin wannan hanya.

Fara da shawarar da za a yanke

Tambayar "nawa ne darajar fadamar nan?" ba ta da amsa mai amfani. A 1997 Robert Costanza da abokan aikinsa sun ƙiyasta cewa abin da muhallin duniya ke bayarwa ya kai dala tiriliyan 33 a shekara. Lambar ta ja hankali, amma babu gwamnan da zai iya yanke hukunci da ita, tun da ba wanda ke shirin sayar da duniya. Tambayar da ke aiki ita ce: idan aka yi abu kaza, me zai canza, ga wa, na tsawon wane lokaci?

Rubuta hali biyu a takarda. Na farko, yadda wurin zai kasance nan da shekara 30 idan ba a yi aikin ba. Na biyu, yadda zai kasance idan an yi. Bambancin da ke tsakaninsu shi ake sa wa kuɗi. Kuskuren da aka fi yi a nan shi ne gwada "kafin" da "bayan". Idan an gina dam aka kuma yi fari a shekarun, kifi zai ragu ko da dam ko babu, kuma ɗora wa dam duk asarar zai ba masu adawa da rahoton damar yin watsi da shi gaba ɗaya.

Sannan a zaɓi ma'auni. A raba riba da abin da ya yi ƙaranci. A yankin Haɗejiya ƙasa ba ta yi ƙaranci ba, ruwa ne ake rububi, shi ya sa lissafin kowace mita kubik 1,000 ya fi na hekta faɗar gaskiya. Mita kubik ɗaya lita 1,000 ce, wato jarka 40 masu cin lita 25.

Auna abin kafin a sa masa farashi

Masanin tattalin arziki shi kaɗai ba zai iya wannan aiki ba. Sai da mai ilimin ruwa da zai ce idan aka rage abin da ake saki daga dam da kashi kaza, hekta nawa ambaliya za ta daina kaiwa. Hotunan tauraron ɗan Adam na Landsat sun faro tun 1972 kuma kyauta ake samunsu, na Sentinel-2 kuwa suna iya nuna ko da filin da faɗinsa mita 10 ne kawai. A ɗauki hoton ƙarshen damina na shekaru da dama, masu ruwa da marasa ruwa, don shekara ɗaya ba ta wakiltar komai a yankin da ruwan sama ke hawa da sauka haka.

Daga nan sai a zauna da masu wurin a jera amfanin da ake samu: shinkafar damina, wake da sauran abin da ake shukawa bayan ruwa ya janye, kayan lambun rani, kifi, kiwo, itace, kaba da goruba, kanwa, ƙasar tukwane da ta bulo, ganyen magani. A yi zama daban da sarkin ruwa da masunta, daban da arɗo da makiyaya, daban da mata. Makiyayan da ke sauka da rani su ne aka fi mantawa, saboda idan aka je da damina ba za a same su ba, kuma sunansu ba ya cikin jerin gidajen da ke hannun mai unguwa ko bulama.

Don tambayoyin gida gida, magidanta 400 da aka zaɓa ba tare da son rai ba sun isa a samu sakamakon da kuskurensa bai wuce kashi 5 cikin ɗari ba a tambayar e ko a'a. Idan ƙauyukan sun bambanta sosai, a ƙara. A karɓi jerin gidaje a ɗauki kowane na goma ko na ashirin, kada a bar dagaci ya zaɓo. A koma sau uku: damina, kaka, bazara. Amfanin gona ana iya tambayar na kakar da ta wuce, amma kifi da itace a tambayi na kwana bakwai da suka wuce kawai, domin ba wanda ke iya tuna kifin da ya kama a shekara.

A tafi da sikeli. Dami da kwando da tiya da buhu ba su da nauyi ɗaya daga kasuwa zuwa kasuwa, har a ƙauye guda damin magidanci ba ɗaya yake da na yaro ba. A auna akalla 20 na kowanne a fitar da matsakaici. Kifi kuma a rubuta ko ɗanye ne ko banda, don banda ya zubar da mafi yawan nauyinsa.

Abin da ke da farashi a kasuwa

Wannan ita ce hanya mafi ƙarfi, ita ya kamata ta ɗauki mafi yawan lissafin. Ƙa'idarta: yawan abu sau farashinsa, a debe duk abin da aka kashe.

A ɗauka, don misali kawai, hekta ɗaya ta ba da buhu 25 na shinkafa shanshera, kowanne naira 40,000 a bakin gona. Kuɗin ya kama 1,000,000. Iri ya ci 60,000, taki 150,000, ƙwadago 350,000, buhuna da dako 90,000. Abin da ya rage 350,000 ne, kuma shi ne rabon ƙasa da ruwa. Wanda ya rubuta miliyan ɗaya a matsayin darajar fadama ya kusa ninka ta sau uku.

Wurare huɗu ne lissafin nan ke karkacewa. Na farko farashi: a yi amfani da na bakin gona ko bakin ruwa. Farashin Kano ya haɗa da kuɗin mota da la'adar dillali da ribar ɗan kasuwa, waɗanda ba fadama ce ta samar da su ba. Kuma farashin kaka da na bazara sun yi nisa da juna, don haka a bi lokacin da manomin ya sayar da gaske. Na biyu abin da aka ci a gida ko aka fitar zakka ko aka yi kyauta: duk a ƙirga shi da farashin ƙauyen, domin a gidaje da yawa shi ne kaso mafi girma. Na uku aikin 'yan gida. Ba kyauta ba ne, amma bai kamata a sa masa kuɗin ƙwadagon damina duk shekara ba. A tambayi abin da mutum zai samu da ya yi wani aikin a wannan lokacin, wanda da rani yakan yi ƙasa sosai. Na huɗu tallafi. Takin da gwamnati ta karya wa farashi, ko fetur kafin cire tallafi a 2023, a sa musu ainihin kuɗinsu, tun da al'umma ce ta biya cikon. Haka ma ɓangaren da ake gwadawa da shi: ribar babban aikin noman rani dole a debe mata kuɗin gyaran magudanai da albashin ma'aikata.

Akwai kuma tambayar ɗorewa. Idan ana kama kifi fiye da yadda yake hayayyafa, ko ana sare itace fiye da yadda yake tohowa, kuɗin da ake gani yau cin uwar kuɗi ne, kamar ɗan kasuwan da ke cefane da jarinsa. Ba za a shimfiɗa wannan adadi a kan shekara 30 ba. A nemi masana su ba da abin da za a iya ɗiba kowace shekara ba tare da ya ragu ba.

Kiwo ya fi wuya, domin ciyawar fadama ba a cika sayar da ita ba. Ana iya ƙiyasta nauyin ciyawar da dabbobi ke ci a sa mata farashin harawa ko dusa mai ƙosarwa daidai da ita, ko a bi ta nono da ƙiba da haihuwar da garke ke samu. A zaɓi ɗaya, kada a haɗa biyun.

Abin da ke aiki a ɓoye

Ambaliya na cika ruwan ƙarƙashin ƙasa, shi ne manoman rani ke zuƙowa da inji daga rijiyoyin da ba su da zurfi. Ba a sayar da wannan hidima, amma tana cikin kowane kwandon tumatir. Gayatri Acharya da Barbier sun auna ta a wannan yanki a binciken da suka fitar a 2000. Hanyar ita ce a tattara bayanan manoma da yawa: yawan ruwa, taki, ƙwadago, faɗin gona, amfanin da aka samu, da zurfin ruwa a rijiya. Da lissafin ƙididdiga ake ware gudummawar ruwa ita kaɗai. Sai a tambaya: idan ruwan ya yi ƙasa da mita ɗaya, nawa kuɗin zuƙowa zai ƙaru, nawa amfani zai ragu? Abin lura, ƙananan injinan da ake ajiyewa a bakin rijiya ba sa iya jawo ruwan da ya wuce zurfin mita 7 zuwa 8. Asarar ba a hankali take tafiya ba, akwai gaɓar da noman ke tsayawa cak sai an haƙa burtsatse.

Wata hanyar ita ce kuɗin maye gurbi: nawa za a kashe a samar da wannan hidima da hannu? Misalin da aka fi sani shi ne birnin New York na Amurka, wanda a shekarun 1990 ya zaɓi kashe kuɗi wajen kare dazuzzuka da gonakin tsaunukan Catskill, inda ruwan shansa ke fitowa, maimakon gina matatar da za ta ci dala biliyoyi. Hanyar na da sauƙi, shi ya sa ake yawan cin zarafinta. Tana inganta ne kawai idan madadin zai ba da hidima iri ɗaya, shi ne mafi araha, kuma akwai alamar mutane za su biya shi da gaske. Ƙiyasta ruwan rijiyar ƙauye da farashin ruwan roba shirme ne. Farashin 'yan garuwa a gari mafi kusa ya fi kusa da gaskiya.

Masu zuwa kallo da masu sayen fili

Inda mutane ke zuwa yawon buɗe ido, kamar Yankari a Bauchi ko wurin tsuntsaye na Dagona a Yobe, kuɗin shiga ƙofa ba ya nuna darajar wurin. Masanin tattalin arziki Harold Hotelling ne ya kawo shawarar a duba kuɗin tafiya, a wata wasiƙa ga hukumar gandun dajin Amurka a 1947. Ana tambayar baƙi daga ina suka zo da abin da suka kashe, a raba su shiyya shiyya. A ɗauka shiyyar da tafiya ke ci mata naira 5,000 tana aiko ziyara 40 daga kowane mutum 1,000, mai 15,000 tana aiko 20, mai 25,000 ba ta aiko kowa. Ga shiyya ta farko, rarar jin daɗin da ba su biya ba ita ce rabin 40 sau 20,000 (tazarar da ke tsakanin 5,000 da 25,000), wato 400,000, ko 10,000 a kowace ziyara. An saba ƙara kusan kashi ɗaya cikin uku na abin da mutum ke samu a awa a matsayin kuɗin lokacinsa. Wanda ya zo ɗaurin aure ya ratsa ta wurin, ba za a ɗora wa gandun duk kuɗin motarsa ba.

Ana kuma iya gwada farashin filaye masu kama da juna, ɗaya kusa da ruwa ɗaya a tudu. A karkara wannan ba ya cika aiki, saboda gonaki ta gado da aro da jingina suke sauya hannu, cinikin da aka rubuta bai kai a yi lissafi da shi ba.

Tambayar mutane kai tsaye

Akwai darajar da ba ta barin sawu a kasuwa ko a hanya: mutum ya so jikokinsa su tarar da dausayin, ko ya so tsuntsayen da ke zuwa daga Turai da hunturu su ci gaba da zuwa ko da bai taɓa ganinsu ba. Wannan sai an tambaya. Hanyar ta yi suna bayan jirgin dakon mai na Exxon Valdez ya malalar da mai a gaɓar Alaska a 1989, inda binciken da aka yi wa gwamnatin jihar ya ƙiyasta irin wannan asara da dala biliyan 2.8. Gardamar da ta biyo baya ta sa aka kafa kwamiti ƙarƙashin masana tattalin arziki Kenneth Arrow da Robert Solow, wanda a 1993 ya amince da hanyar bisa sharuɗɗa: a yi hira ido da ido, a tambayi abin da mutum zai biya maimakon diyyar da zai karɓa, a sa tambayar ta zama ta e ko a'a, a kuma tuna masa cewa kuɗin daga aljihunsa zai fita.

A aikace, a bayyana aiki takamaimai. Misali: za a cire ciyawar kachalla mai toshe ruwa daga magudana mai tsawon kilomita kaza, ruwa ya koma gonaki kaza, wata ƙungiya da aka sani za ta riƙe kuɗin, kowane gida zai biya sau ɗaya a shekara. A gwada takardar a kan mutum 30 zuwa 50 tukuna don a gano adadin da ya dace. Sai a zaɓi adadi huɗu ko biyar, kowane magidanci a gaya masa ɗaya kawai, wanda ƙuri'a ta ba shi.

A ɗauka kashi 80 cikin ɗari sun amince da naira 500, kashi 60 da 1,000, kashi 40 da 2,000, kashi 10 da 5,000. Mafi ƙarancin ƙiyasi ana samunsa ta ninka kowane ƙarin kuɗi da kason da suka amince: 500 sau 0.8, da 500 sau 0.6, da 1,000 sau 0.4, da 3,000 sau 0.1. Jimla naira 1,400 ga kowane gida. Idan gidaje 20,000 ne, miliyan 28 ke nan a shekara. Idan kason masu amincewa bai ragu ba yayin da kuɗin ke ƙaruwa, binciken ya lalace, kada a yi amfani da shi.

A ƙasar Hausa abin da ya fi ɓata wannan hanya shi ne kara. Baƙo ya zo da takarda, an shimfiɗa masa tabarma, maƙwabta sun kewaye, da wuya mutum ya ce a'a. A yi hirar a keɓe, a faɗa tun farko cewa a'a amsa ce mai kyau, a sa mata su yi hira da mata a cikin gida. Wasu za su zaci rajistar tallafi ce su ƙara, wasu su zaci haraji ne su rage. Duk wanda ya ce a'a a tambaye shi dalili: wanda ya ce ba shi da hali, sifilinsa gaskiya ne, wanda ya ce gwamnati ce ta tare ruwan ita za ta gyara, ko ya ce za a cinye kuɗin, ba cewa yake wurin ba shi da daraja ba, a ware shi a faɗi yawansu. Inda kuɗi ke wuya, a tambaya da kwanakin gayya ko tiyar hatsi, daga baya a mayar da su naira. A kuma riƙa tuna cewa abin da mutum zai iya biya yana bin ƙarfin aljihunsa, don haka hanyar nan kan rage wa talaka murya a kan abin da rayuwarsa ta dogara da shi.

Ɗauko lambar wani bincike daga wata ƙasa a liƙa wa wuri, ana yinsa idan babu kuɗi ko lokaci. Ya isa a gane ko abu ya cancanci bincike, bai isa a kafa hujja da shi ba.

Haɗa lissafi

A mayar da duk farashi zuwa na shekara ɗaya ta amfani da alƙaluman hauhawar farashi na Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa, a rubuta shekarar da kuɗin canjin da aka yi aiki da shi. Da yadda naira ta sauya tun 2023, lambar da ba ta da shekara a gefenta ba ta da ma'ana.

A tace maimaici. Idan an ƙirga ribar kayan lambun rani, an riga an ƙirga ruwan ƙarƙashin ƙasan da ya shayar da su. Idan an tambayi masunci abin da zai biya don a gyara magudana, amsarsa ta ƙunshi kifin da aka riga aka lissafa.

Sai rangwamen lokaci, wato mayar da kuɗin da za a samu nan gaba zuwa darajarsu ta yau, inda mafi yawan rigima take. Ana raba kuɗin kowace shekara da (1 + r), a yi ta maimaita rabawar har sau adadin shekarun, r kuwa shi ne kason rangwame. Naira 100,000 da za a samu nan da shekara 30 ta zama 5,731 a yau idan r kashi 10 ne, ta zama 41,199 idan kashi 3 ne. Ribar 100,000 kowace shekara har shekara 30 ta kama kimanin 943,000 a kashi 10, da 1,960,000 a kashi 3. Babban kaso na fifita aikin da ke kawo riba da wuri ya bar ɓarna a baya, don haka wanda ya zaɓi kaso ya kusa zaɓar sakamako. A nuna lissafin da kaso uku, ƙarami da matsakaici da babba. A kuma sake shi da farashi ya sauka da kashi 20, da shekarun fari, a ga ko hukuncin zai juya. A bincikensu na 1998, Barbier da Julian Thompson sun gwada tsare-tsare daban daban na dam da sakin ruwa, kuma ko a tsarin da ya fi kyau, ƙarin ribar noman rani a sama bai maye kashi ɗaya cikin biyar na asarar da ake yi a dausayin ba. Sakamakon da ya tsaya haka ta kowace fuska shi ne mai wuyar turewa.

A rahoton, kowace lamba ta zo da sunan masu cin riba da masu ɗaukar asara: manoman Kura da Kadawa a sama, masunta da manoman Nguru da Gashuwa a ƙasa, makiyaya a tsakani. Jimla ɗaya tana ɓoye wannan. Abubuwan da ba a sa wa kuɗi ba, irin su maƙabarta da burtali da zaman lafiya tsakanin manomi da makiyayi, a jera su da sunansu a shafin farko kusa da jimlar, a rubuta ƙarara cewa lambar ita ce mafi ƙarancin darajar wurin. Takardun tambayoyi da ma'aunin dami da kwando da farashin da aka yi amfani da su kuma a ajiye su inda wani zai iya ɗauka ya sake lissafin da kansa.